Bango mai shuɗin fenti

Shekarata 19 ranar da na fara kwana a gidan, ba ni da komai sai jaka ɗaya da takalmin da ke ƙafata. Gidan haya ne irin na 'yan ƙwadago, inda ake biyan kuɗin makwanci da na abinci a haɗe duk ƙarshen mako. Ɗakuna 14 ne, bakwai suna kallon bakwai, da famfo ɗaya a tsakar gida da banɗaki biyu can a ƙurya. Wata dattijuwa ke riƙe da gidan. Ita ke dafawa, ita ke karɓar kuɗi, ita ke raba faɗa, kuma kowa Inna yake ce mata, har waɗanda suka girme ta. Shekara uku na yi a nan ina dako, kafin wani mai ɗaukar bidiyo ya ɗauke ni ina riƙe masa fitila. Ta nan Allah ya buɗa mini hanyar kyamara.

Bayan shekara 11 na koma da niyyar yin fim a kan gidan. Abin da ya sa mini wannan niyya wani ɗan gajeren kwas ne da na yi na koyon dokumentari, wato fim ɗin da ba a rubuta wa kowa abin da zai faɗa. Malaminmu ya fara nuna mana hoton da 'yan'uwan nan Lumière suka ɗauka a Lyon ta ƙasar Faransa a 1895: ma'aikata suna fitowa daga ƙofar masana'anta, abin bai cika minti ɗaya ba. Masana'antar ta gidan su masu kyamarar ce, ma'aikatan kuma nasu ne. Ina kallo ina tambayar kaina, to bayan sun fita daga hoton ina suka nufa? Ni dai na san irin inda ake nufa, don na kwana a can. Sannan ya sa mana wani fim na Ingila na 1935, Housing Problems, inda 'yan haya a unguwar Stepney ta gabashin Landan suka tsaya cikin ɗakunansu suka dubi kyamara, suka faɗi da bakinsu yadda ɓeraye da kuɗin cizo suke hana su barci. Ƙungiyar kamfanonin gas ce ta biya kuɗin yin fim ɗin, saboda haka akwai nata muradin a ciki, amma duk da haka muryoyin nan na gaske ne. Daren ranar ban yi barci ba. Na ce idan har an ji waɗannan tun shekaru da yawa da suka wuce, mutanen gidan Inna ma sun isa a ji su.

Na iske Inna a bakin murhu, ta ƙara tsufa, idonta ya fara rauni, amma da muryata ta gane ni. Da na gaya mata abin da ya kawo ni, ta daɗe ba ta ce komai ba.

"Me za ka ɗauka a nan, ɗan nan? Bokitai?"

Na ce, "Mutane zan ɗauka, Inna."

Ta ce, "To mutane ba nawa ba ne. Ka bi su ɗaki ɗaki ka tambaye su. Wanda ya ce a'a, ko inuwarsa kada in gani a cikin abin nan naka."

Haka na yi. Na buga takardar amincewa, na karanta wa waɗanda ba sa karatu, mutum 31 suka sa hannu ko suka dangwala, mutum shida suka ƙi. A lokacin ina ganin da zarar mutum ya sa hannu magana ta ƙare.

Makonni ukun farko duk asara na yi. Na zo da tunanin ni ɗan gida ne, ashe kyamarar da ke kafaɗata ta mayar da ni baƙo. Da na shigo sai a share tsakar gida, a kwashe shanya, mutum ya shiga ɗaki ya sako rigarsa mafi kyau ya zauna a miƙe kamar mai ɗaukar hoton fasfo. Wanda na sani da surutu sai ya koma magana ɗaiɗai. Da na ga haka na kama gado a ɗaki na 4, na biya kuɗin mako kamar kowa, na shiga layin famfo da bokitina. Kyamarar kuma na kafa ta a kan ƙafafunta a gefen tsakar gida, a kashe, kwana da kwanaki. Ranar da na ga wani ya rataya jiƙaƙƙen tawul ɗinsa a jikin ƙafarta, na san lokacin fara aiki ya yi.

Haske ya ba ni wahala. Kowane ɗaki taga ɗaya gare shi, ƙarama, wasu ma an toshe su da kwali. Ina da fitilun aiki, amma na ƙi shigo da su, domin duhun nan yana cikin rayuwar gidan, idan na kore shi na yi ƙarya. Doguwar fitilar da ke baranda kuma sai ta riƙa rawa a cikin hoto, har na gane cewa wutar lantarkin tana kaɗawa sau 50 a daƙiƙa, na daidaita kyamarar a kan hoto 25 a daƙiƙa, rawar ta tsaya. Sauti kuwa shi ya koya mini gidan da nake zaton na sani. Shekara uku na kwana a nan a da, amma sai da na sa abin sauraro a kunne da ƙarfe huɗu na dare na ji shi sosai: tarin wani dattijo ta bayan bango, ɗigar famfo, ƙarar ƙarfen gado idan mutum ya juya, wani yana lissafi a cikin barci.

Akwai wata ƙa'ida ta masu ɗaukar sauti, cewa a kowane ɗaki sai an naɗi minti ɗaya na shirun ɗakin, don a yi ciko da shi wajen tacewa. Sai in roƙi mutum huɗu ko biyar da ke ɗakin su yi shiru na minti ɗaya. Daƙiƙa goman farko murmushi ake yi ana kallon juna. Daga nan sai idanu su sauka ƙasa, kafaɗu su saki, kowa ya tafi inda zuciyarsa take. Na ga wani ƙaton birkila, wanda muryarsa ke cika gida, ya ƙura wa tafin hannunsa ido kamar yau ya fara ganinsa. Tun daga ranar na daina kashe kyamara a wannan mintin. Fuskokin da suka fi tsaya wa mutane a rai a fim ɗin duk daga nan suka fito.

A ɗaki na 2 akwai gado ɗaya da mutum biyu suke biya. Baba mai gadi yana aikin dare, wani saurayi leburan gini yana aikin rana. Saurayin zai tashi biyar da rabi, Baba ya dawo shida, ya iske katifa da sauran ɗumi. Sai da na kwana uku ina ɗaukar wannan sauyin kafin na lura da abin da ke faruwa a gabana. Kafin saurayin ya fita, sai ya juya matashin kai, ya mayar da gefen da bai kwanta a kai ba sama, ya shafe shi da tafin hannu sau biyu. Da yamma Baba zai yi masa daidai haka. Ban taɓa jin sun yi maganar ba, kuma da wuya su yi hirar minti biyar a mako. Idan suka haɗu a ƙofa, "Sannu Baba" ne, da "Yauwa ɗana, Allah ya tsare."

Mutumin da ya sa nake wannan rubutu yana ɗaki na 9. Ya girme ni da kusan shekara goma, don haka Yaya nake ce masa. Akawu ne a da, a wani kamfani da ya rufe. Da aiki ya ƙare bai iya komawa gida ya faɗa ba, sai ya shiga sauke buhunan siminti daga manyan motoci, yana aika wa iyalinsa kuɗi duk wata kamar yadda ya saba. Siminti ya cinye masa hannu, fatar ta tsattsage, farcensa sun yi fari.

Duk ranar Lahadi da yamma zai yi wanka, ya goge wata farar riga mai dogon hannu, ya ɗaura agogo, ya zo ya tsaya a jikin bangon da ke kusa da ƙofar Inna. A duk gidan wannan bangon kaɗai ke da fenti mai kyau, shuɗi, faɗinsa bai fi taku biyu ba. Nan yake kiran matarsa da 'ya'yansa ta bidiyo. Yana riƙe wayar daidai yadda bangon kaɗai zai fito a bayansa, ɗaya hannun kuma yana ƙasa inda ba za a gan shi ba. Ni da nake sana'ar zaɓen abin da zai shiga hoto da abin da za a bari a waje, ban taɓa ganin wanda ya kai shi kula da gefen hoto ba.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne sauran gidan. Da zarar ya fito da farar rigar nan, mai rediyo zai kashe, wanda ke tara ruwa zai rufe famfo, masu gardamar ƙwallo su koma raɗa, Inna ta daina kankare tukunya. Mutum talatin da wani abu, babu wanda ya taɓa ce musu su yi, suna tsayawa cik na minti goma don kada ƙarar bokiti ta shiga wayar. Idan ya gama ya shiga ɗaki, sai rediyo ya dawo, kowa ya ci gaba da abin da yake yi, ba mai ɗaga ido ya dube shi.

Na ɗauki wannan duka wata Lahadi. Ban ɓoye kyamara ba, tana inda take kullum, amma ina nesa, kuma ban gaya masa cewa dogon makirufon da ke kanta yana jin har abin da ke fitowa daga wayarsa ba. Ya kama muryar ƙaramar 'yarsa tana cewa, "Baba, yaushe za ka kai mu mu ga ofis ɗinku?" Ya kama dariyar da ya yi, da "Kwanan nan, uwata, in Allah ya yarda." Ya kama numfashin da ya sauke bayan ya kashe wayar, ya jingina goshinsa da bangon. Laifina a nan yake, kuma na san shi tun a lokacin, don hannuna yana rawa a kan kyamarar amma ban kashe ba.

Wata bakwai na yi ina ɗauka, na tara abin da ya haura awa 60, ina ajiye kowane kati a faifai biyu saboda tsoron asara. Na zauna tacewa don in mayar da shi minti 52. Duk yadda na juya fim ɗin, fitowar Yaya ce ƙashin bayansa. Wani furodusa da ya yi alkawarin biyan kuɗin gyaran sauti da launi ya kalle ta sau uku, ya ce wannan kaɗai ta isa ta kai fim ɗin bukukuwan finafinai na ƙasashen waje. Na ji daɗin maganar ƙwarai, ba zan ɓoye ba.

Amma zuciyata ta ƙi kwanciya, don haka na ɗauki kwamfuta na tafi ɗaki na 9 da dare, lokacin da abokan ɗakinsa suke waje. Na sa masa abin sauraro a kunne. Minti shida ne. Bai motsa ba har ta ƙare, sannan ya cire abin a hankali ya ajiye a kan gwiwarsa.

"Ƙanina, aikinka ya yi kyau. Ban san haka nake ba."

Na yi shiru.

"Babbar 'yata ta fara riƙe waya. Duk abin da ya hau intanet, wata rana zai iske ta. Na san na sa hannu a takardarka, ba zan ce ban sa ba. Ba ni da ikon hana ka. Roƙonka nake yi."

Na ce zan iya dusashe fuskarsa, in sauya muryarsa. Ya girgiza kai, ya jawo rigar daga ƙusa ya nuna mini maɓalli na uku, wanda ya ɗan fi sauran girma. Ya ce matarsa ce ta ɗinka shi da hannunta ranar da zai taho.

Mako biyu na yi ina kokawa da kaina. Na kawo wa raina hujjoji masu yawa, kuma ba duka ne na banza ba. Na ce irin Yaya suna da yawa a duniya, idan ba a nuna ba wa zai san nauyin da suke ɗauke da shi? Na tuna shari'ar fim ɗin farko na Frederick Wiseman, wanda ya ɗauka a wani asibitin masu taɓin hankali da ake tsare da su a jihar Massachusetts ta Amurka. Fim ɗin ya fito a 1967, kotu ta hana nuna shi ga jama'a da hujjar kare mutuncin waɗanda ke ciki, ba a sake shi ba sai 1991. Mutane da yawa suna ganin hanin ya fi amfanar hukuma fiye da majinyatan, ni ma haka nake gani. Sai dai a wancan akwai hukumar da ke da abin ɓoyewa. A nawa babu kowa sai mutum ɗaya da rigarsa, da yarinyar da ke son ganin ofis.

Inna ce ta yanke maganar. Ban gaya mata ba, amma babu abin da ke faruwa a gidan nan ba ta sani ba. Na zo karɓar abincina da dare, ta riƙe kwanon ba ta sake shi ba.

"Ɗan nan, shekara huɗu muna kashe masa rediyo. Kai kaɗai za ka zo ka kunna?"

Na cire fitowar a daren. Furodusan ya yi ta lallashina, da ya ga ba zan mayar ba ya janye, kuma ban riƙe shi a zuciya ba, don kuɗinsa ne. Fim ɗin ya rage ƙarfi, wannan gaskiya ce da nake gani duk lokacin da na kalle shi. Akwai rami a tsakiyarsa. Abin da na sa a ramin, da izinin Yaya, shi ne bangon kawai, ba kowa a gabansa, na daƙiƙa 40. A cikin sautin za ka ji rediyo ya mutu, famfo ya tsaya, kankarar tukunya ta yanke, sai shiru.

Kafin in kai fim ɗin ko'ina na nuna shi a tsakar gidan. Wannan na koya ne daga labarin Jean Rouch, Bafaranshen da ya yi shekaru yana ɗaukar finafinai a Nijar. A shekarun 1950 ya koma Ayorou ya nuna wa Sarkawa fim ɗin da ya yi na farautar dorina da suke yi a kogi, sai suka ce kiɗan da ya sa a kai kuskure ne, domin da shiru ake farautar dorina, kiɗa ƙara mata ƙarfin zuciya zai yi. Ya karɓi gyaran. Na aro majigi, muka ɗaure zanen gado a igiyar shanya, kowa ya fito da abin zamansa, har mutum shidan da suka ƙi a ɗauke su.

Nawa gyaran bai daɗe ba ya zo. Na sa wani kiɗa mai sanyi a ƙarƙashin layin famfo na asuba. Ba a yi minti biyu ba birkilan nan ya ɗaga murya daga baya.

"Malam, wa ya mutu?"

Gida ya ɗauki dariya. Bayan an gama Baba mai gadi ya kira ni gefe, ya ce, "Ɗana, ba ka yi ƙarya ba, duk abin da ka nuna haka yake. Amma ina kartar da muke yi da dare? Ina ranar da yaron nan ya samu aikin dindindin muka ɗaga shi sama? Wanda ya kalli wannan zai ce kullum cikin makoki muke." Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Na zo da tausayi a cikin kyamarata, su kuwa ba tausayi suka nema ba, so suke a gan su yadda suke. Na cire kiɗan gaba ɗaya, na ƙara mako uku a ɗaki na 4 ina ɗaukar dare, da gardama, da waƙar da wani direba yake yi in yana wanki.

Amma a wannan daren na farko, da bangon ya fito a jikin zanen gado, wani abu ya faru da ban shirya masa ba. Rediyon cikin fim ya mutu, famfon cikin fim ya tsaya, sai tsakar gidan ta gaske ita ma ta yi tsit. Mai tari ya danne tarinsa. Babu wanda ya waiwaya inda Yaya yake zaune a bakin ƙofar ɗakinsa. Daƙiƙa 40 ɗin nan suka wuce a haka.

Fim ɗin ya ɗan zaga. An nuna shi a wasu makarantu da wani zauren ƙungiyar ma'aikata, bai je ƙasashen waje ba. Kusan duk inda aka nuna shi sai wani ya ɗaga hannu ya tambaye ni ma'anar bangon nan. Nakan ce bango ne a gidan, shi kaɗai ke da fenti.

Ranar da zan bar ɗaki na 4, ina ɗaure kaya, Yaya ya shigo da ƙurar siminti har a girarsa. Ya tambaye ni ko minti shidan nan suna nan. Na ce suna nan a faifai biyu, kuma yau zan goge su a gabansa idan yana so.

"Kafin ka goge, sa mini a ɗan katin nan naku."

Na dube shi.

"Yaran za su girma. Wata rana zan zaunar da su in gaya musu da bakina. Idan bakin ya kasa, sai in ba su wannan. Idan kuma Allah bai kai ni ranar ba, Inna ta san inda zan ajiye."

Na kwafa masa a memori, na goge na faifan farko, na goge na biyun, yana tsaye yana kallon allon kwamfutar har aka gama. Yatsunsa ba sa iya riƙe abu ƙarami haka, sau biyu katin yana zame masa. Na yago takarda daga littafin aikina na naɗe masa shi. Ya karɓa da hannu biyu, ya tafi ɗaki na 9, ina hangensa ta ƙofa ya sa shi a aljihun farar rigar da ke rataye a ƙusa, ya danna bakin aljihun da babban yatsa. Sannan ya ɗauki bokitinsa ya shiga layin famfo.